Hannun Mai Agogo

Yayata,

Gaisuwa mai yawa da fatan kina lafiya. Yaya ciwon gwiwar? Ina gaida maigidanki da yara duka.

Na san labari ya riga wasiƙata isowa, gara ki ji gaskiyarsa daga bakina. Ni na ture shi, Yaya. Mai Agogo dai da kika sani, wanda muka yi shekara talatin da ɗaya a rumfa guda, keken ɗinkina a dama, teburinsa na gyaran agogo a hagu. Ran nan na ɓata wa wata mata yadi wajen yanka, don idona ya fara yi mini gardama. Tana cikin faɗa sai ya ce, da irin tsokanar nan tasa, a nemo wa tela ɗan jagora. Mutane suka kwashe da dariya. Da wata rana ce, da na rama da wadda ta fi ta zafi mun wuce wurin. Sai na tashi na ingiza shi. Ya faɗi a kan matakala, hannunsa na dama ya karye daidai wuyan hannu.

'Ya'yansa suka kai ƙara. Na kwana biyu wurin 'yan sanda kafin a ba da belina, yanzu magana tana kotu. Lauya ya ce laifin ji wa mutum rauni ne, ana iya ɗaure ni. Ke kaɗai zan gaya wa, ɗaurin bai dame ni ba kamar ranar da za a tsayar da mu gaban alƙali, ni nan, shi can.

Tun rasuwar uwar yara gidan nan ya yi mini faɗi, yanzu ga rumfar ma ba ni da idon zuwa. Ki sa ni a addu'a.

Ƙaninki,
Auta

Yayata,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku, na ga saƙonki, faɗan da kika yi mini kuma na karɓa.

An kashe maganar jiya. Dattawan layinmu ne suka shiga tsakani, sai da aka yi zama uku kafin babban ɗansa ya sauko. Sharaɗi biyu suka kafa: in nemi gafara a rubuce, in kuma kwashe kekena daga rumfar. Na sa hannu a takardar sulhu. Shi Mai Agogo dangwalawa ya yi da yatsan hagu, don na daman ba ya riƙe biro. Mutumin da yake ɗaukar ƙusar da ba ta kai ƙwayar yashi ba!

A kotu, mai gabatar da ƙara ya miƙa takardar. Alƙali ya karanta, ya tambayi Mai Agogo ko wani ya matsa masa. Ya ce, "Ba wanda ya matsa mini. Na yafe masa, a bar maganar." Alƙali ya ce tunda laifi ne da doka ta yarda a sasanta, ya rufe shari'a, ya sallame ni. Duka bai kai minti goma ba.

A waje kowa yana yi mini barka. Na tsaya bakin ƙofa ina jiran ya fito, ko da harara ce in samu. Ya wuce ta gabana yana kallon takalmansa, 'ya'yansa suka sa shi a mota. Na dawo gida a ƙafa, na zauna da rigar kotun a jikina har rana ta faɗi.

Ƙaninki,
Auta

Yayata,

Ina fatan kuna lafiya, gwiwa kuma ta yi sauƙi. Ki yi haƙuri da shirun wata biyun nan.

Na sami wani ɗan shago bayan tasha, tsakanin injin niƙa da mai faci. Ƙara ba ta barin a yi hira, ba kuma wanda ya san ni balle ya tsokane ni. Na yi tabarau, da na yi tun bara da duk haka ba ta faru ba.

Shekaranjiya matar Mai Agogo ta zo da rigunansa huɗu a leda. An kwance ɗorin, amma yatsun ba sa lanƙwasa, ya daina aiki, kullum kuma sai ta ɓalla masa maɓalli kamar yaro, shi ko ba ya so. Ta roƙe ni in faɗaɗa ƙofofin maɓallan, in sa manya waɗanda zai iya da hannu ɗaya. Ta ce bai san nan ta kawo ba, kada kuma ya sani.

Duk ni na ɗinka su, na gane zarena. Na gama uku. Kowace sai na sa ta a jikina, na ɓoye hannun dama a baya, na gwada ɓallawa da hagu, in ta ba ni wuya in warware in sake. Ta huɗun tana kan keke, ina jan aikin, don in na gama ban san me zan ƙara yi masa ba.

Ki gaida kowa. In gwiwa ta bar ki, ki zo ko kwana biyu ne.

Ƙaninki,
Auta