Mitar da Ke Sunana

Zuwa ga Yayata,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Ina fata kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Ya ciwon gwiwar? Allah ya ƙara sauƙi. Ni jikina lafiya, hankalina ne ba a kwance ba.

Kin san mita ɗaya ce ta haɗa duk ɗakunan gidan hayarmu, kuma da sunana take, tunda na fi kowa daɗewa. Duk wata ni ke bin ƙofa ƙofa in karɓi kason kowa in kai. To, kamfanin wuta ya aiko takarda, wai mitar ta daɗe tana ƙirga ƙasa da abin da muke sha, sai mu biya cikon shekarun baya a dunƙule ko su yanke. Ko na sayar da kekunan ɗinkina duka biyu ba za su kai rabi ba.

Na tara mutanen gidan na karanta musu. Wani malamin makaranta da ke gidan ya ce shi bai taɓa jin mitar da ta cuci kamfanin da ya kafa ta ba. Aka yi dariya, har da ni. Sai Maman Tagwaye, wadda ta yi jinyata a asibiti lokacin da na yi ɓari, ta dube ni ta ce, "Ni dai ban taɓa fashin wata ba. Wadda ake ba wa ta kai, ita ta san inda take kaiwa."

Yaya, ji na yi kamar an watsa mini ruwan zafi. Na kwaso rasit na zube a tabarma, ba wanda ya sunkuya ya duba.

Ki sa ni a addu'a.

Ƙanwarki,
Auta

Yayata,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku, na ga saƙonki, Allah ya bar zumunci.

Na yi ta zarya ofishin kamfanin, wannan tebur ya tura ni wancan. Wani ma'aikaci ya ce in biya tukuna, sannan in yi ƙorafi. Wata dattijuwa da muka haɗu a layi ce ta ja ni gefe, ta ce kada in biya ko sisi. In rubuta koke, in karɓi lambar shaida, in nemi su ba ni lissafinsu a rubuce. Ta ce muddin ana duba koke ba su da hurumin yankewa. Haka na yi.

Duk da haka ma'aikatan kamfanin suka zo da tsani, suka yanke wutar. Na nuna wa shugabansu lambar, ya ce shi aiki aka turo shi, ba karatu ba.

Maman Tagwaye da sayar da ƙanƙara take ciyar da 'ya'yanta tun da mijinta ya rasa aiki. Ina kallo ta fito da kayan firjinta sun narke, tana tsiyayar da ruwan a kwata. Ta hana tagwayen shiga ɗakina. Maganar ta kai bakin titi, mata biyu sun zo sun karɓe yadinsu ba a ɗinka ba. In na fito alwala sai hira ta mutu.

Na kai ƙara hukumar da ke sauraron koken masu amfani da wuta. Sun ba ni rana.

Taki,
Auta

Yayata abin ƙaunata,

Ina gaishe ki da kyau, ina fata kowa lafiya.

An yi zaman. Injiniyan kamfanin da bakinsa ya amsa cewa sun daɗe da sanin mitar ta lalace, ba su sauya ba. Hukuma ta ce laifinsu ne, doka kuma ta yi iyaka ga watannin da za su iya bi baya. Aka soke mafi yawan kuɗin, ragowar mu biya kaɗan kaɗan, aka ce su mayar da wuta.

Da saurina na dawo riƙe da takardar hukuncin. Malamin makaranta ya karanta, ya ce lallai ina da wani a cikin hukumar.

A ƙofar gida na tarar da motar kaya. Maman Tagwaye ta sayar da firjin ta biya haya, za su koma wurin dangin mijinta. Na miƙa mata takardar. Ba ta karɓa ba, ba ta kuma yi faɗa ba. Cewa kawai ta yi, "Na sani tun tuni ba ki ci kuɗin ba. Wanda zan iya kamawa nake nema, ke ce kusa."

Motar ba ta daɗe da tashi ba wuta ta dawo. Ƙwan fitilar ɗakinta ya kama, ashe a kunne ta bar shi. Na shiga, ba komai sai sawun gado a siminti. Na jima a tsaye kafin na kashe.

Yaya, in akwai ɗaki a kusa da ku, ki tambaya mini. Ki gaida yara.

Ƙanwarki,
Auta