Sunan Rijiyar Gidan Alidu

Bawku, Sha'aban 1353

Daga Amidu ɗan Alidu zuwa ga Kawu Malam Jibirilu a Yendi. Gaisuwa mai yawa da ban girma, da fatan kana lafiya, kai da iyali.

Bayan haka, Kawu, masu kora mini shanu kudu sun dawo suna yabon ruwan da suka sha a Salaga, wai a Rijiyar Hudu. Da suka kwatanta wurin, ashe rijiyar gidan ubanmu ce, wadda na kwashe ƙasarta da kwando lokacin ƙanena Hudu yana goye a bayan Inna. Ni ne babba. Fatauci ne ya kawo ni Bawku, ba mutuwa na yi ba. Yanzu kuma an ce ya tara itace zai yi aiki a bakinta. Yau rijiya, gobe gidan duka. Na tura wakili kotun Bature a hana shi. Ka sa mini albarka. Wassalam.

Yendi, Shawwal 1353

Ɗana Amidu, na amsa gaisuwarka. Albarka kuwa na sa, ba ta da nauyi.

Na duba littattafan gado kaf, ban ga babin da ya raba sunan da masu korar shanu ke kiran rijiya ba. Ƙaninka bai yanka mata ragon suna ba. Mutane ne ke zuwa da ƙishirwa, su tarar da shi riƙe da guga.

Labari ya iso cewa Bature ya biya maka bukata: Hudu ya ci gaba da zama a gidan, amma kada kowa ya haƙa ko ya gina sai an yanke shari'a. Ina taya ka murna. Sai dai ka daɗe a ƙasar Kusasi, wataƙila ka manta: rijiyar Salaga ana yashe ta kowane rani, a sake itacen bakinta kafin ruwa ya sauka. Itacen da ya hana ka barci ke nan. Allah ya yi maka albarka, ya ƙara maka tunani.

Salaga, Zulhajji 1353

Kawu, barka da Sallah. Ɗanka Hudu ne ke gaisuwa.

Gara ta cinye itacen bakin rijiya. Na sami Zibrim tafinta, na ce masa yasa daban, haƙa daban. Ya ce a kunnen Bature duk abin da ya fito da ƙasa haƙa ne, kuma wanda ya nemi hanin shi kaɗai zai janye shi. Na aika wa Yaya, ya ce in daina wayo.

Shi yana can da garke da gidan kwano, ban taɓa cewa uffan ba, ko da yake da shanun Baba ya fara. Ni guga ɗaya ne ya tsone masa ido. In suna yake so, a kira ta da sunan jakinsa ma, na yarda. Hadari ya fara haɗuwa, Kawu. Ka yi masa magana. Allah ya ja kwana.

Bawku, Muharram 1354

Kawu, ina gaisuwa. Na ji saƙonka, amma ba zan janye ba. In ya gyara ta da hannunsa, har jikokinmu za su ce tasa ce. Itacen ya jira ni. Wassalam.

Yendi, Rabi'ul Awwal 1354

Ɗana Amidu, gaisuwa da fatan alheri.

Ruwa ya sauka da ƙarfi a Salaga, bakin rijiyar ya rufta. Ba wanda ya ji ciwo. Hudu ya bi umarnin kotu, ko tsakuwa bai ɗaga ba. Matan unguwa yanzu rafi suke zuwa, suna ambatonka a hanya.

Jiya masu korar shanunka suka ratso ta nan. Na tambaye su inda suka yi zango a Salaga, suka ce kusa da Ramin Amidu. Burinka ya cika.

Shari'a kuwa, an ce sai bayan damina.

Kawunka, Jibirilu.