Jan Zare Mai Sunana

Mississippi, Amurka, 12 ga Oktoba

Zuwa ga Yaya Puring,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya ƙafar taki? Ina su Nonoy da jikoki? Ni lafiya lau, sai 'yar rawar hannun nan, ba ta kai a faɗa ba.

Albishirinki! Kin san shekara talatin ina gyaran ƙofofi a gidan ƙungiyar 'yan matan jami'a. Tun da guduma ta fara suɓuce mini nake jiran sallama, alhali ban da su ba mai ce mini sannu a garin nan.

Al'adarsu ce a zaɓa wa kowace sabuwar shiga yaya a asirce, ta bi zaren ulu har ta gano ta. Ranar Juma'a shugabarsu ta kira ni, na ce a raina shi ke nan, sallama ta zo. Sai ga jan zare ɗaure a akwatin kayan aikina, da sunana!

Na bi shi har saman bene, sau uku ina hutawa, 'yan matan suna ihu: "Baba Teryo, da kai za mu gama jami'a a matakalar nan?" A ƙarshensa na tarar da Marlee, 'yar shekara sha tara, ta riƙe ƙugu.

"Daga yau ni ce yayarka, kuma ba a sallamar ƙani a gidan nan. Ka sha maganinka?"

Ban sha ba. Ta tsare ni har na haɗiye.

Don Allah ki aiko busasshen mangwaro in kai mata. Kada ki ji haushi, ke ce yayata ta fari. Allah ya bar mu tare.

Ƙaninki,
Teryo