Rasuwar Hajiya Sauda Carrow, Marubuciyar Bani Malik

Cikin alhini da sallamawa ga hukuncin Allah Maɗaukaki, Ƙungiyar Zumuntar Hausawan Bani Malik da ke Jidda ta samu labarin rasuwar uwarmu, Hajiya Sauda Elspeth Carrow, matar Marigayi Alhaji Abdulkahar Mailafiya, wadda Allah Ya karɓi ranta da hantsin Talata tana da shekara tamanin da ɗaya. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Marigayiyar 'yar wani garin masunta ce a arewacin Ingila. Can ta haɗu da Alhaji Abdulkahar, Bahaushen Sudan da ya je karatun injin jirgin ruwa, ta musulunta, suka yi aure, ta biyo shi Jidda a shekarar 1979. Ta wallafa littattafan ƙagaggun labarai huɗu da Turanci, dukkansu a kan matan da ke zaman jiran mazajen da teku ta tafi da su. Ba su yi kasuwa ba, kamfanin da ya buga su ma ya daɗe da rufewa, kuma da yawanmu mun yi shekaru muna gaisawa da ita a bakin kanti ba mu san marubuciya ce ba.

Abin da muka sani shi ne, babu yaron unguwar nan ta Bani Malik da ya je mata da darasin Turanci ta mayar da shi, kuma ita ke raka matanmu asibiti idan likitan ba ya jin Larabci. Allah bai ba ta haihuwa ba. Bayan rasuwar maigidanta an yi mata tayin komawa gida, ta ce halas, wato magana ta ƙare, ba ta san ƙofar da za ta ƙwanƙwasa a can ba. Ta ci gaba da zama ita kaɗai a hawa na uku na benensu, har idonta ya raunana ta daina iya karanta abin da ta rubuta da hannunta.

A madadin Shugaba, dattawa da ɗaukacin mambobi, muna miƙa ta'aziyya ga iyalan Mailafiya, musamman Hajiya Hindatu, ƙanwar mijinta, wadda ta yi jinyarta. Allah Ya ba su haƙuri da juriyar wannan rashi.

Muna kuma miƙa ta'aziyya ga ƙanwar marigayiyar, Brenda, wadda rabonsu da magana tun ranar ɗaurin auren. Ba mu san inda take ba, ba mu san ko tana raye ba. Duk wanda Allah Ya haɗa da ita, muna roƙon ya shaida mata cewa yayarta ta ambace ta a kwanakinta na ƙarshe, kuma an yi mata sutura a nan Jidda bayan sallar La'asar.

Allah Ya jiƙanta, Ya haskaka kabarinta, Ya ɗebe mata kewa a makwancinta.

Zaharaddeen Na'ibi
Kakakin Ƙungiyar Zumuntar Hausawan Bani Malik, Jidda