Bangon Kaka Yana Shan Ruwa

Daga Babban Darakta na Hukumar Gidajen Gobe ta Duniya,
zuwa ga Mushe (wato Malam) Luƙman, ɗalibin zanen gini a Yamai.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina karatu, ina gajiya, ina zafin Yamai? Muna fatan kana lafiya kamar yadda muke a nan biro, ofishinmu. Kada ka yi mamakin ganin saƙon babban mutum da ajami a kan takardar buhun siminti. Sakatarena ya tafi gyaran gona.

Labarin Gini Mai Rai da kake zanawa ya iso mana. Mun saurari bayanin da ka aiko gida ta salula ranar sallah, mun kalli hotunan. Mun fahimci bangon yana zufa in rana ta ƙwalle, don ɗaki ya yi sanyi. Tagogi suna lumshewa kamar ido in iska ta taso. Rufi yana buɗe baki ya sha ruwan sama ya ajiye wa masu gida. Ɗaki yana faɗaɗa in baƙi sun yi yawa, kuma hukuma tana ba da shawara ka ƙara wanda zai matse baƙon da ya ƙi tashi bayan an ci tuwo. Abin da ya fi burge mu shi ne ƙananan halittun da ka ce za a zuba cikin ƙasar gini, waɗanda in bango ya tsage, a ba shi ruwa kawai, su farka su ɗinke tsagar.

To, muna sanar da kai an fara gwada fasaharka a Kore Mairuwa, a ɗakin wata tsohuwa Zalihatu, wadda bincikenmu ya nuna kakarka ce.

Ga yadda aka yi. Bangon gabas na ɗakinta ya tsage tun damanar bara. Ka san al'adar gidanku, ba a yi wa ɗakin nan yaɓe sai babban jika, wanda take kira angonta, ya jefa curin farko da hannunsa. Bana ba ka zo ba. Kawu Halilu magini ya gaji da jira, ya kwaɓa ƙasa, ya tara matasa. Tsohuwa ta fito da sanda ta kore su. Ta ce angonta ya faɗa da bakinsa, bangon zamani ba yaɓe yake so ba, ruwa yake so. An gaya mata naka bangon yana kan takarda tukuna, halittun ma ba a haife su ba. Ta tambaya a cikin masu faɗin haka wa ya taɓa shiga lakkwal ya yi boko.

Tun daga nan, kullum da safe in ta ba akuyarta ruwa sai ta cika buta ta ɗura a tsagar, tana yi wa bangon sannu. Ranar Juma'a har kunu ta ba shi, wai ruwa kaɗai ba ya riƙe ciki. Gindinsa ya jiƙe, ya turo ciki waje, ta ce ƙiba yake yi. Wani gero ya tsiro a jikinsa, ta kira maƙwabta su zo su ga rai da idonsu. Tsagar da yatsa ke shiga, yanzu hannu yana wucewa. Gadonta yana jikin bangon nan, kuma azara ɗaya ta fara sauka. Inna ta roƙe ta ta koma ɗakin ita Inna ko na kwana biyu ne, ta ce ba a barin mara lafiya shi kaɗai. Jiya an yi ruwa a Tibiri, nan kusa da mu. Yau ma gabas ta yi baƙi.

Saboda haka hukuma ta yanke cewa ka hau motar Dutsi ka sauka a gida. Saƙon murya ba zai yi ba, ta ce a gidan akwai wani ɗan banza mai kwaikwayon muryar mutane, sai ta ga fuskarka. In ka zo kada ka ce mata kuskure ta yi. Duk unguwa ta bi tana alfahari da kai. Ka ce wannan bangon irin na da ne, ya tsufa, ba ya jin magani, sai yaɓe.

Yaya Luƙman, ba wani darakta. Ni ne ɗan banzan. Tun ranar da na kira ka da muryar jandarma ka daina ɗaukar wayata, na kuma san in ka ga sunana a sama za ka ninke takardar ka ɗora kofin shayi. Batun bangon nan, da farko na sha dariya har na faɗi, ni nake ɗebo mata ruwan ma. Yanzu na daina. In na ji iska sai in je in tsaya a ƙofarta kamar mai neman wani abu. Wallahi ina son in ga gidan nan naka wata rana, amma ina son Kaka ta gan shi tare da ni.

Inna da Hindatu suna gaishe ka. Kawu ya sake jiƙa ƙasa, hannunka kawai ake jira. Kada ka sa kwat, ka zo da tsohon wando.

Naka ƙane,
Illo