Labulen Taga Mai Fuska Uku

Daren Laraba, watan Shawwal, unguwar Ka'akiyya, Makka

Barci ya ƙi zuwa, zufa kamar an kwara mini ruwa. Duk a kan labule.

Da la'asar maƙwabcina Baba Hamza ya tare ni a bakin masallaci. A nan aka haife shi, Hausar tasa rabi Larabci ce. Ya ce, "Ya Malam, tagarka tsakar gidana take kallo. Ko ka sa labule yau, ko in sa mai gidan ya toshe ta da bulo." Raina ya ɓaci. Ni da na baro iyalina a Zariya, leƙen matan wani zan zo yi Makka?

Tagar ta turo waje, fuska uku gare ta, kuma ta wannan lungun kaɗai iska ke shigowa. Na je unguwar Hindawiyya na sayo miƙaƙƙen ƙarfen rataya labule, na manta tagar a lanƙwashe take. Na yi ta kokawar tanƙwara shi har ya ƙuje mini gwiwa. Garin gwadawa na tsaya a fuskar hagu, inda ban taɓa tsayawa ba. Har tiren shayin iyalin Baba Hamza na hango. Tsohon bai iya magana ba, amma yana da gaskiya.

Na kafa ƙarfen a miƙe, labule ya rufe lungun gaba ɗaya, har da iskar.

Yanzu ina jiyo matan gidansa a tsakar gida, suna hira suna dariya. Tun da na tare ban taɓa jin muryarsu ba. Ashe ni na kulle su a ɗaki.