Kwalbar Yajin Hajiya

Daren Laraba, unguwar Hay el-Sabi', Alƙahira

Ban yarda da "tamam" ɗin mijina Ya Mukhtar ba, wato wai ya yi daidai.

Tun hantsi nake kan haɗin yajin tako, wani abincin Meksiko da na gani a waya. 'Ya'yan kamun masu ƙamshi, jan barkono, garin tafarnuwa, masoro da busasshen ganyen za'atar na Larabawa, na daka na tankaɗe, na soya niƙaƙƙen nama da shi, na naɗe a gurasa. A littattafan da nake karantawa, miji lumshe ido yake yi a lomar farko. Nawa ko haɗiyewa bai yi ba ya ce, "Tamam, amarya," ya ɗauki farantinsa wai zai ɗebo ruwa a kicin.

Wa ke zuwa ɗebo ruwa da faranti?

Da ya dawo na ji ƙamshin ƙuli-ƙuli. Na ce, "Yaya, yajin Hajiya ka barbaɗa?"

Ya ce, "Ke dai littattafan nan sun mayar da ke 'yar sanda."

Bai ce a'a ba. Kwalbar da mahaifiyarsa ta aiko daga Kano kuwa, murfinta a karkace na tarar.

In zai yi mini yabon ƙarya a kan gurasa, me zan ce da sauran yabon da ya sha yi mini?

Ɗazu na ɓoye na Hajiya a leda, na cika kwalbar da nawa, launinsu kusan ɗaya. Yanzu tsorona shi ne ya ci ya ce babu kamar hannun Hajiya, don ban san ko murna zan yi ko kuka ba.